Tambaya da Amsa: Wai shiga gidan Big Brother sana'a ce?

Tambaya: Salam Malam, don Allah waɗannan da ake tarawa gida ɗaya a Big Brother Naija ana nuna su dare da rana ba rubutaccen labari ba komai, in an watse me suke ci? Ƙanena ya dage wai sana'a ce mai zaman kanta. Daga mai karatu a Kaduna.

Amsa: Wa'alaikumus salam. Ƙanen naka ya ɗan yi gaggawa, gidan nan suna yake bai wa mutum, sunan kuma ba ya jira, don baɗi war haka an zuba sabbin fuskoki masu kallo sun koma can.

Ɗan jiharku ne ma ya fara cinye gasar a 2006, Katung Aduwak, ya tafi da dala 100,000, daga baya ya koma bayan kyamara yana shirya finafinai. Ebuka kuwa da suka zauna tare fitar da shi aka yi tun kafin zagayen ƙarshe, amma ga shi tun 2017 shi ke gabatar da shirin, saboda bayan fitowarsa ya yi shekaru yana aikin gabatarwa a talabijin har bakinsa ya goge. Laycon da ya ci a 2020 da waƙoƙinsa a ƙasa ya shiga, yana ciki mutane suka bi suna nema. Tobi Bakre bai ci ba a 2018, ya kama fim gadan-gadan har ya ɗauki kyautar gwarzon jarumi ta AMVCA, bikin karrama finafinan Afirka, a 2023.

Kuɗin da suke samu da farko na talla ne, kamfani ya ɗauke ka jakadansa, a gayyace ka biki a biya ka don kawai ka leƙo, ka ɗora kaya a Instagram, to in ba ka da wani abu a hannu da zarar yayinka ya wuce sai wayar ta daina ƙara, ga manaja ga mai ɗinki ga mai hoto duk suna jiran nasu.

Batun ba rubutu kuma, e ba a ba su takarda su haddace, amma masu shirin ne ke tsara wasannin da ke haɗa su faɗa, makirfo na jikinka kusan koyaushe, sannan su ke zaɓar abin da za a maimaita da daddare. In rigimarka ta minti biyar aka yi ta haskawa, shikenan da ita za a san ka, kamfanoni ma ita za su duba kafin su kira ka.