Duniyar da ake ɗanɗana kiɗa a harshe

Ka tambayi yadda za ka tsara labarin da mutanensa ke jin ɗanɗanon kiɗa a baki ba tare da ya zama shirme ba. Ɗan'uwa, ɗaure dokar da bugun zuciya. Zuciyar babban mutum a zaune tana bugawa sau 60 zuwa 100 a minti. Kiɗan da ya yi daidai da ita ya zama lami, wanda ya fi ta sauri ya kawo tsami, mai jan ƙafa ya kawo ɗaci. Ka ga ke nan wanda ya sha gudu da wanda ke kishingiɗe ba za su ji abu ɗaya ba, ko da ganga ɗaya ce.

Zaƙi kuwa bar wa tsinin sauti: makaɗi ya matse kalangu a hammata, murya ta hau, zuma ta cika baki. Wannan yana da tushe, binciken Charles Spence na Jami'ar Oxford ya nuna mutane na danganta siririn sauti da zaƙi, kakkaura da ɗaci.

Kuskuren da aka fi yi shi ne mantawa harshe na gajiya. Sa ɗanɗanon ya dushe bayan minti uku, dole makaɗi ya sauya salo. Kasuwa mai makaɗa biyar kuwa, sai amai.