Amsa ga Malam mai tambaya kan Diskeeper fotabul

Wa alaikumus salam Malam. Ka ce laftof ɗinka ta yi nauyi, wani ya tura maka tsohon Diskeeper, manhajar difrag mai tattaro gutsattsarin fayil wuri guda a faifai, fotabul ɗinsa da ba a girkawa, a filashi, wai ko ka kunna. Ni dai shawarata kar ka kunna shi wallahi.

Na daɗe ina gyaran kwamfuta a nan Sabon Gari, kuma zamanin Windows XP mun yi amfani da su sosai, Diskeeper da PerfectDisk da Defraggler, lokacin suna da amfani don faifai mai juyawa ne, fayil ɗaya sai ya warwatsu gida-gida allurar ta yi ta yawo tana tattaro shi. Kai har manhajar difrag ta cikin XP ɗin ma daga Diskeeper aka samo ta. Amma shi Diskeeper na asali sai an girka shi, yana da sabis da ke gudana a bayan fage, to duk wanda ya ba ka shi a fayil guda ya ce danna kawai, wani ne ya farke shi ya cire lasisi ya sake ɗinkewa, kuma ba ka san me ya cusa a ciki ba. Ga shi ba ya aiki sai ka ba shi izinin admin, wato ka miƙa wa baƙo makullin gidanka gaba ɗaya. Na sha ganin ɗaliban ABU sun zo daga Samaru hankali a tashe, furojet ya ƙi buɗuwa, filashi duk ya koma shotkot, in ka bi diddigi irin waɗannan manhajojin ne da ake kwafa a bizines senta.

Sannan ka fara duba wane faifai gare ka. In SSD ne, wato faifan da ba ya juyawa, ba ruwansa da difrag, rubuce-rubucen banza kawai za ka ƙara masa, tsohuwar manhaja kuwa wata ba ta ma gane shi. In HDD ne, wato mai juyawa, tun daga Windows Vista, Windows na yi da kanta duk sati, a Windows 10 ka nemi Optimize Drives ka danna, kyauta ne.

Kafin komai kwafe fayilolinka zuwa wani waje, sai ka duba lafiyar faifan da CrystalDiskInfo daga shafinsu na asali. In ya nuna ruwan ɗorawa faifan ya fara gajiya, difrag zai iya ƙarasa shi, balle batir ya mutu NEPA su ɗauke wuta ana tsakar aiki. Faɗa mana RAM ɗinka, wato ƙwaƙwalwar aiki ta laftof ɗin, nawa ne, in 2GB ne ko 4GB to ina zargin daga nan nauyin yake.