Tambayi Likita: 'Yan matan Tawa da zancen Sida

Likita, barka da aiki. An horar da ni in riƙa faɗakar da 'yan mata tsarana kan cutar Sida a unguwarmu, nan Tawa. Amma da na buɗe baki sai su ce ai ni ma yarinya ce, me na sani?

'Yata, yarintar taki ce ta sa aka zaɓe ki. Abin da budurwa ke jin nauyin faɗa wa uwarta, ko ni likita, ke za ta faɗa wa a wajen kitso ko zaman lalle. Kada ki tara su kamar 'yan makaranta. Fara da wadda kuka saba, ki bar ta ta yi magana tukuna.

Sai dai abin da zai fito bakinki ya zama daidai. Ƙwayar cutar tana bin jini, da saduwa ba kwaroron roba, da kuma daga uwa zuwa jariri lokacin ciki, haihuwa ko shayarwa. Sauro ba ya yaɗa ta, shan fura a ƙwarya ɗaya ma haka. Tambayar da ta fi ƙarfinki, ki raka mai ita asibiti. Sirri kuwa, don Allah ki riƙe shi. Ranar da maganar wata ta fita ta bakinki, ba wadda za ta ƙara zuwa wurinki.

Likita, wanda zan aura ya dawo daga Abijan, lafiyarsa ƙalau. Dole ne sai an yi gwaji?

Ƙanwata, ido ba ya gane mai ɗauke da ita, mutum na iya shekaru ba alamar komai. Ku je ku biyun a gwada ku tare, kada ya ɗauka zarginsa ake yi. In sabon kamu ne gwajin na iya kasa ganinta, shi ya sa ake maimaitawa bayan wata 3.

Likita, an yi wa ƙawata fyaɗe jiya da dare, ta roƙe ni in yi shiru.

Wannan ba ta jira, 'yata. Akwai maganin da ke hana ƙwayar zama a jiki, amma sai an fara shi cikin awa 72, a sha kwana 28 ba fashi. Za a kuma ba ta na hana ɗaukar ciki. Ki gaya mata ba laifinta ba ne, ki lallashe ta ku tafi asibiti yau ɗin nan.