Fatalwar amini a fim da hukuncin wanda abokinsa ya rasu a hannunsa

TAMBAYA: Assalamu alaikum Malam. Ni matashi ne daga Jekadafari a Gombe, ina sharhin finafinai masu dogon zango a Facebook. Kashin wannan makon na wani shiri ya nuna saurayin da ya gudu ya bar amininsa ya nutse a ruwa, sai fatalwar mamacin ta riƙa zuwar masa da dare tana neman haƙƙinta. Ya halatta in kalla, in yi sharhi? Sannan ni ma na goyo abokina a babur muka faɗi a hanyar Dadin Kowa, ya rasu. Ina yawan mafarkinsa. Ko ruhinsa ne ke bibiyata?

AMSA: Wa alaikumus salam. Allah Ya jiƙan abokinka. Zan fara da tambaya ta biyu, don ita ke hana ka barci.

Ɗana, mamaci ba ya dawowa duniya. A Suratul Mu'minun, aya ta 99 da 100, wanda mutuwa ta zo wa yana roƙon a mayar da shi, aka ce a'a, akwai shamaki a bayansu har ranar tashi. Abin da fim ɗin ya nuna tsohon camfi ne. Larabawan jahiliyya sun ɗauka wanda aka kashe ba a ɗaukar masa fansa ba, wani tsuntsu mai kama da mujiya na fita daga gare shi yana kukan a shayar da shi. Annabi (SAW) ya rushe wannan a hadisin Abu Huraira da Bukhari da Muslim suka ruwaito. Aljanu kam akwai su, kuma shaiɗan na iya ɗaukar siffar mutum, kamar yadda ya zo wa Abu Huraira yana gadin abincin zakka. Amma wannan ba mamaci ba ne.

Mafarki uku ne: bushara daga Allah, tsoratarwa daga shaiɗan, da abin da zuciya ta wuni tana saƙawa. Naka ya fi kama da na ukun. In ya firgita ka, ka yi tofi hagu sau uku, ka nemi tsari, ka juya kwanciya. Kada ka bar Ayatul Kursiyyu.

Nauyin da kake ji kuwa, Shari'a ta yi masa mafita. Ka tambayi kanka tsakani da Allah: gudu ya wuce kima? Ka san birki ba shi da kyau ka hau? In akwai sakaci, kisan kuskure ne, hukuncinsa na Suratun Nisa'i aya ta 92: diyya a kan danginka na wajen uba, sai in magada sun yafe, da kaffarar azumin wata 2 a jere tunda babu bawan da za a 'yanta. A nan mutane ke tuntuɓe: yafewar magada tana sauke diyya, ba ta sauke azumin. In babu sakaci, kamar wani ne ya buge ku kana kan hannunka, babu komai a kanka. Ka bar "da na sani", ka ce Allah Ya ƙaddara. Ka zauna da malami ko alƙali ya ji yadda abin ya faru filla-filla.

Batun fim, ƙagaggen labari da kowa ya san ƙage ne ba haramun ba ne a kan kansa. Yana haramta in akwai tsiraici, ko ɗaukaka boka, ko ya ci lokacin salla. Sharhinka ya halatta da sharaɗin ka faɗa ƙarara cewa dawowar mamaci ƙarya ce. Yabon ɗan wasa da kyamara kaɗai bai isa ba, domin yara na karanta ka. Amma kai dai, a halin da kake ciki, ka dakata da wannan shirin tukuna. Ka je ka gaida iyayen marigayin, ka tambaya ko ya bar bashi ka taimaka a biya, ka yi masa sadaka da addu'a.

Wallahu a'alam.