Tsohuwar Matata Ta Haɗa Ni da 'Yan Sanda Kan Ciyar da Yara: Zan Iya Janye Hannuna?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Mun rabu da matata, yara suna hannunta. Kasuwa ta juya mini baya, na yi watanni ban aika komai ba, sai ta kai ƙarata wurin 'yan sanda. Da ba su same ni ba suka kama ƙanena. Da na kai kaina kuma suka tsare ni, sai da aka ba su kuɗi da sunan beli. Har yanzu kira ne da barazana. Ya halatta ta yi mini haka? Tunda ta tozarta ni, zan iya daina ciyarwar?

Amsa: Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Ɗan'uwa, bakinka kaɗai muka ji, don haka amsar tana kan abin da ka faɗa.

Ba ka da damar janye hannunka. Abincin yara da suturarsu haƙƙinsu ne a kanka, ba lada ba ne da ake ba uwarsu idan ta kyautata. A mazhabar Malikiyya, kamar yadda Ibn Abi Zaid ya kawo a Risala, uba yana ciyar da ɗa namiji har ya balaga ba tare da wata nakasa ba, mace kuma har ta yi aure mijinta ya tare da ita. Abu Dawud ya ruwaito cewa Annabi (SAW) ya ce ya ishi mutum zunubi ya tozarta wanda ciyarwarsa ke kansa. Yaran ba su suka kai ka caji ofis ba.

Sai dai gwargwadon hali ake bi. Aya ta 7 a Suratuɗ Ɗalaƙ ta ce mawadaci ya ciyar daga wadatarsa, wanda aka ƙuntata wa arziki ya ciyar daga abin da Allah Ya ba shi. Ka lura, ba ta sauke wa mai ƙunci nauyin gaba ɗaya ba. Watanni babu ko kaɗan, babu ko bayani, wannan abin dubawa ne a wajenka.

Ita kuwa neman haƙƙin 'ya'yanta ba laifi ba ne. Hindu 'yar Utba ta kai ƙarar mijinta Abu Sufyan wurin Annabi (SAW) kan ƙwauronsa, ya ce ta ɗauki abin da zai ishe ta da ɗanta bisa abin da aka saba. Inda aka kuskure shi ne ƙofar da aka bi. Tsare wanda yake da hali ya ƙi biya hukunci ne na alƙali, bayan ya binciki samunsa. Wanda babu ta kama shi kuwa, aya ta 280 a Suratul Baƙara ta ce a jinkirta masa har ya samu. Ɗan sanda ba ya wannan binciken, ba kuma aikinsa ba ne.

Kama ƙanenka zalunci ne tsagwaronsa, domin wani rai ba ya ɗaukar laifin wani. Ko a dokar zamani, Dokar 'Yan Sandan Najeriya ta 2020 ta hana kama mutum kan rigimar da ba ta laifi ba a sashe na 32, ta kuma hana kama wani a madadin wani a sashe na 36. Kuɗin da aka tatsa a wurinku haramun ne ga wanda ya karɓa. Wanda ya bayar don ya kuɓuta daga zalunci, malamai da yawa sun yi masa uzuri. Idan ita ce ta nemi a wulaƙanta ka da gangan, tana da nata kason zunubin.

Ka fara aika abin da ya sawwaƙa tun yanzu, ta hanyar da za ta bar shaida. Ku zaunar da dattijo daga danginka da nata a yanke adadi a rubuce. In hakan ya gagara, ka je kotu da kanka alƙali ya ƙayyade. Barazanar kuma ka kai ƙorafinta a rubuce ga shugabannin waɗannan jami'ai, ko ka nemi lauya.

Wallahu a'alam.