Takobin kakanmu yana Ingila, ko shari'a za ta dawo mana da shi?

Wani mai karatu daga Unguwar Juma, cikin birnin Zariya, ya rubuto cewa ya ga hoton takobi da sulke a wani gidan tarihi na Ingila. Manyan gidansu sun ce na kakan mahaifinsa ne, an ƙwace su bayan shigowar Turawa a 1902. Yana son shigar da ƙara.

Malam, ban ba ka shawarar fara da kotu ba. A shari'ar Musulunci ƙwace ba ya mayar da abu mallakar wanda ya ƙwata, amma kotun Ingila da dokarta za ta yi aiki, kuma wa'adin shekara 6 da ta ɗiba wa irin wannan ƙara galibi ya daɗe da wucewa. Yarjejeniyar UNESCO ta 1970, wadda ta hana fasa-ƙwaurin kayan tarihi tsakanin ƙasashe, ba ta waiwayar abin da ya faru kafin ta. In kuwa British Museum ne, babban gidan tarihin nan na Landan, dokar Birtaniya ta 1963 ta hana shi rabuwa da yawancin kayansa.

Tattaunawa ce ta dawo da wasu daga cikin kayan tarihin Masarautar Benin ta jihar Edo da aka wawashe a 1897. A 2022 Jamus ta miƙa wa Nijeriya mallakar fiye da 1,000, gidan tarihin Horniman na Landan ya miƙa 72, duka ta hannun Hukumar Gidajen Tarihi ta Ƙasa, NCMM. Ita za ka rubuta wa.

Amma kafin nan akwai tambayar da take raba zumunci: takobin na wa ne? In kayan sarauta ne, kamar tambari, to na kujerar ne, Masarautar Zazzau ce mai magana. In kakanku ya mallake shi da kansa, gado ne, kowane magaji yana da haƙƙi, har da mata. Ko a Benin sai da aka yi ta jayayya kafin Shugaba Buhari ya ayyana Oba, wato Sarkin Benin, a matsayin mai kayan a 2023. Ku zauna ku naɗa wakili a rubuce, ku sanar da fada.

Sai hujja. Ka nemi lambar kayan da bayanin yadda suka shiga gidan tarihin, ka bincika Gidan Adana Takardu na Ƙasa da Arewa House a Kaduna. Ka naɗi muryar dattawan gidanku tun suna raye, don Allah kada ka jinkirta wannan.

In akwai sauran tsofaffin kaya a gida, kada ku sayar wa dillalai. Dokar Nijeriya ta 1979 ta hana cinikin kayan tarihi sai ga wakilin hukumar NCMM, ta kuma hana fitar da su waje ba izini.