Play Store ya ɓace daga wayata, yaya zan dawo da shi?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ni malamin firamare ne a Jega, jihar Kebbi. Ina amfani da wayar Infinix da na saya sabuwa, kuma kwanan nan na nemi Play Store a cikinta na rasa. Yanzu WhatsApp yana ta nuna mini cewa in sabunta shi, manhajar bankina ma ta ƙi aiki sai an sabunta ta. Wani yaro a shagon cajin waya ya ce zai tura mini Play Store ta Xender, wani mai gyara kuma ya ce sai an yi wa wayar fulashin, wato a goge tsarinta a sake ɗora mata shi. Sannan ƙanena ya sayi Huawei ta hannu, ita ma babu Play Store a cikinta. Shin matsalarmu ɗaya ce, kuma wace hanya za mu bi?

Amsa: Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Malam, ko da yake abin da kuke gani a fuskar wayoyinku iri ɗaya ne, dalilin da ya kawo shi ya bambanta ƙwarai, saboda haka maganin ma ya bambanta. Taka wayar, tun da ka saye ta sabuwa da Play Store a ciki, ina da ƙarfin zaton cewa yana nan bai je ko'ina ba, an dai kashe shi ne ko an ɓoye shi. Ta ƙanenka kuwa, akwai yiwuwar tun daga masana'anta ba a saka mata shi ba. Kafin in shiga bayani, ina roƙonka ka dakatar da maganar fulashin, kuma kada ka bari a tura maka komai ta Xender da sunan Play Store, domin kowanne daga cikinsu yana iya jawo maka asarar da ta fi wadda kake ƙoƙarin gyarawa.

Dalilin da ya sa na ce yana nan shi ne, Play Store ba irin manhajojin da mutum yake saukewa da kansa ba ne, waɗanda ake gogewa duk lokacin da aka ga dama. Kamfanin Google ya buɗe wannan kasuwa ta manhajoji a shekarar 2008 da sunan Android Market, ya sauya mata suna zuwa Google Play a 2012, kuma duk kamfanin da yake son sayar da waya ɗauke da ita sai ya samu izinin Google, an gwada wayar an tabbatar ta dace, sannan a dasa manhajar a wani sashe na ma'adanar waya wanda mai wayar ba shi da ikon gogewa. Infinix da Tecno da itel, waɗanda duk mallakar kamfanin Transsion ne da ke birnin Shenzhen a ƙasar Sin, wayoyinsu na Android da ake sayarwa a Najeriya da wannan izini suke zuwa. Iyakar abin da hannun mutum yake iya yi wa Play Store a irin wannan waya shi ne ya kashe shi, ko ya ɓoye alamarsa, ko ya cire sabuntawar da aka yi masa. Kamar shago ne da aka rufe ƙofarsa aka cire allon sunansa, alhali kayan suna ciki.

Ka fara da mafi sauƙi. Ka buɗe jerin manhajojin wayarka gaba ɗaya, ka rubuta Play a wurin bincike da ke sama, domin sau da yawa alamar ce kawai aka janye daga fuskar farko, ko ta faɗa cikin wata jaka tare da Gmail da YouTube. Idan bai fito ba, ka shiga Settings, ka nemi Apps ko App Management, ka buɗe cikakken jerin manhajoji. Sunayen suna ɗan sauyawa daga waya zuwa waya, amma hanyar ɗaya ce. A wasu wayoyin sai ka danna ɗigo ukun da ke kusurwar sama ka zaɓi a nuna manhajojin tsarin waya kafin ka gan shi. Ka gangara zuwa Google Play Store, ka buɗe shi. Idan ka ga an rubuta Enable, to, an kashe shi ne, ka danna wurin, nan take alamarsa za ta koma cikin jerin manhajoji. Wannan shi ne dalilin da ya fi yawa, kuma galibi yana faruwa ne idan yaro ya riƙe waya yana danne-danne, ko kuma wani ya kashe shi da gangan don ya hana shi cinye data da sabunta manhajoji.

Idan kuwa ka tarar yana kunne amma ba ya bayyana, to ɓoye shi aka yi. Wayoyin Infinix suna da XHide, wanda ake ɓoye manhajoji da hotuna a cikinsa da lambar sirri, sannan akwai Freezer, wanda manhajar da aka saka a cikinsa take daina aiki ta kuma ɓace daga fuskar waya har sai an fito da ita. Ka duba su duka biyun, ka kuma duba saitin fuskar waya, inda ake samun zaɓin ɓoye manhajoji. Akwai kuma yanayin tsananin tattalin batir, wanda mutanenmu suke yawan kunnawa saboda ƙarancin wutar lantarki, kuma shi yakan bar 'yan manhajoji kaɗan ne kawai a fuska, kamar kira da saƙo. Tun da kana iya ganin manhajar bankinka da sauran kayanka, ba na jin wannan ne naka, amma na ambace shi saboda masu karatu da yawa suna tsorata da shi su ɗauka wayar ta lalace.

In duk wannan bai yi ba, akwai wani zaɓi da ake kira Reset app preferences, wanda ake samu a ƙarƙashin ɗigo ukun da ke jerin manhajoji, ko a sashen sake saiti na wayar. Yana kunna duk manhajar da aka kashe, ya mayar da izinin da aka ba manhajoji yadda suke tun farko, kuma ba ya goge hoto ko lamba ko saƙo. Sai dai ka karanta da kyau kafin ka danna, domin a wasu wayoyin yana kusa da zaɓin da yake goge komai.

Wani lokaci Play Store yakan dawo amma ya ƙi buɗewa, ko ya buɗe ya tsaya yana juyawa ba ya sauke komai. Dalili shi ne ba shi kaɗai yake aiki ba. Yana dogara da Google Play Services, wanda yake kula da asusunka da alaƙar wayar da Google, da kuma Download Manager, wanda shi ne yake ɗauko abin da ake saukewa. Ka tabbatar su ma ba a kashe su ba. Daga nan ka duba kwanan wata da agogon wayar, ka sa su daidaita kansu daga layin sadarwa. Mutane suna raina wannan, alhali idan kwanan watan waya ya yi nisa da na gaskiya, takardun shaidar tsaro da ake amfani da su wajen haɗuwa da Google sukan zama kamar sun ƙare ko lokacinsu bai yi ba, sai haɗin ya ƙi. Bayan haka ka shiga bayanan Play Store, ka buɗe Storage, ka danna Clear cache, in bai wadatar ba ka danna Clear data, wanda ba ya taɓa manhajojin da ka riga ka sauke. Idan har yanzu yana gardama, ka zaɓi Uninstall updates, zai koma yadda ya zo daga masana'anta, sannan ya sabunta kansa idan ya samu intanet mai ƙarfi. Ka kuma lura da ma'adanar wayar, domin idan ta cika da bidiyon WhatsApp babu abin da zai sauka.

Maganar yaron shagon caji ita ce ta fi damuna. Wataƙila da kyakkyawar niyya ya faɗa, amma shi kansa bai san asalin fayil ɗin da ke wayarsa ba, domin irin wannan fayil na APK, wato fayil ɗin da ake girka manhaja da shi, yakan bi hannaye da yawa kafin ya iso gare shi. Android ba ta yarda a ɗora wata manhaja a kan ta asali sai sa hannun kamfanin da ya yi ta ya dace, saboda haka 'yan damfara sukan ƙera tasu daban, su manna mata alamar Play Store da sunansa. Da zarar an girka ta, sai ta nemi izinin karanta saƙonni da izinin ganin abin da ake yi a fuskar waya, kuma mai waya yakan danna amincewa ba tare da ya karanta ba. Wanda ya samu waɗannan izini biyu yana iya ganin lambar sirrin da banki yake turowa ta saƙo, yana kuma iya ganin abin da kake rubutawa a manhajar banki. Ga wanda albashinsa yake shiga ta wannan waya, wannan kasada ce da ba ta da dalili, musamman da yake na gaskiyar yana cikin wayar yana jiran a kunna shi. Kafin ka gama gyaran, ka yi amfani da lambar USSD ta bankinka don tura kuɗi da duba asusu. WhatsApp kuwa, idan ya matsa, kamfanin yana ajiye fayil ɗinsa na asali a shafinsa na whatsapp.com, kuma daga can kaɗai ya kamata a ɗauko shi idan ba ta Play Store ba.

Fulashin da mayar da waya yadda ta fito daga kamfani su ne matakin ƙarshe, kuma dukansu suna goge abin da ke ciki. Akwai wani tarko a nan da ya kamata ka sani. Tun daga Android 5.1, wadda ta fito a 2015, wayar da aka goge ta wata hanya ba ta cikin saitinta ba takan nemi adireshin Gmail da kalmar sirrin da ke kanta a da kafin ta buɗe, kuma an yi haka ne don a hana ɓarayi cin moriyar wayar sata. Mutane da yawa a wajenmu a shago aka buɗe musu Gmail ranar da suka sayi waya, ba su riƙe kalmar sirrin ba, sai bayan fulashin su tarar wayarsu ta kulle a hannunsu. Saboda haka, ko da abin zai kai ga nan, ka fara tabbatar da cewa ka san asusunka, ka adana lambobinka da hotunanka da hirarrakin WhatsApp. Idan ka bincika jerin manhajojin tsarin waya kaf ba ka ga Play Store ba, ma'anarsa an taɓa buɗe tushen wayar an cire shi, ko an ɗora mata tsarin da ba nata ba a wani gyara da ya gabata. A wannan hali, ka kai ta cibiyar Carlcare, wadda ita ce sashen gyara na Infinix da Tecno da itel, domin a ɗora mata tsarin asali da ya dace da samfurinta.

Yanzu ga ta ƙanenka. A watan Mayun 2019 gwamnatin Amurka ta saka Huawei cikin jerin kamfanonin da aka taƙaita ciniki da su, abin da ya hana Google ba sababbin wayoyin Huawei izini. Wayoyin da suka riga suka samu izini, irin su P30 da Y9 Prime 2019, sun ci gaba da aiki da Play Store. Waɗanda suka biyo baya, daga Mate 30 zuwa P40 da Y7p da Y6p da nova 7i, babu shi a cikinsu ko kaɗan, kasuwar Huawei ce mai suna AppGallery take madadinsa. Ya shiga Settings, ya buɗe About phone, ya ga samfurin wayarsa. Idan tana cikin na farkon, ya bi matakan da na zayyana maka. Idan tana cikin na biyun, babu abin da ya ɓace balle a dawo da shi, kuma tura mata fayil ɗin Play Store ba zai yi aiki ba, domin sauran kayan Google da yake dogara da su ba sa cikinta.

Masu gyara suna da dabarun da suke girka wata manhaja da take kwaikwayon wata waya a cikin wayar, ta yadda YouTube da Gmail za su buɗe. Dabarar takan yi aiki na wani lokaci, amma tana nufin mutum ya miƙa kalmar sirrin asusunsa ta hannun wata manhaja da ba ta Google ba, kuma ni ba zan ba kowa shawarar ya haɗa wannan da harkar banki ba. Abin da ya fi masa shi ne ya duba ko manhajar bankinsa tana cikin AppGallery, ya ɗauko WhatsApp daga shafin kamfanin, ya riƙa buɗe YouTube da Gmail ta manhajar shiga intanet. Ya kuma sani cewa ba zai iya adana hirarrakinsa na WhatsApp a Google Drive ba, kuma sanarwar wasu manhajoji tana iya makara. Idan sana'arsa ta dogara da manhajojin da ba sa tafiya sai da Google, gara ya sayar da ita ya nemi wata.

Haka abin yake ga wasu wayoyin hannu na Xiaomi da Oppo da Vivo da aka ƙera don kasuwar cikin gida ta ƙasar Sin, inda ba a amfani da Play Store, sannan aka shigo da su nan. Duk wanda zai sayi waya ta hannu, ko a kasuwar Jega ko a Birnin Kebbi, ya buɗe Play Store a gaban mai sayarwa, ya shiga saitinsa, ya danna About, ya duba ƙarƙashin Play Protect certification ya ga an rubuta cewa wayar tana da shaidar amincewa. Idan aka rubuta cewa ba ta da ita, to wayar jabu ce, ko an sauya mata tsari, ko kuma ba don irin kasuwarmu aka ƙera ta ba, kuma wasu manhajojin banki suna iya ƙin aiki a kanta ko da Play Store ɗin yana buɗewa.